Wai da gaske ne idan beyar girizili ta taso maka sai ka kwanta kamar gawa?

Tambaya: Assalamu alaikum Malam. Ƙanena yana karatu a jihar Montana ta Amurka, ya ce shi da abokansa za su shiga gandun dajin Yellowstone yawo. Na gani a wani bidiyo wai idan beyar ɗin can da ake kira girizili ta kawo maka hari sai ka kwanta kamar ka mutu. Ni fa hankalina bai kwanta ba, dabba mai cin nama kuma a kwanta mata?

Amsa: Wa alaikumussalam ɗan'uwa, Allah ya ba shi sa'ar karatu. Maganar gaskiya ce, amma sai ka san dalilinta, don ba ko yaushe take aiki ba.

Girizili ba kamar zaki ba ce da ke kallonka a matsayin kalaci. Yawancin cimarta saiwoyi ne da ciyawa da 'ya'yan itatuwa da ƙwari, sai mushe da 'yan maruƙan barewar elk idan ta samu, a Alaska kuma kifin salmon. Wannan tozon da ke kafaɗarta tsoka ce zalla ta tono, faratanta kuma suna kai santimita 10, idan ka bi inda ta yi kiwo za ka ga ƙasa a barbaje kamar an yi kaftu da duwatsu a kife, duk neman saiwa da ƙwari ne. Don haka mafi yawan harin da take kai wa mutum na kare kai ne, ko dai an yi kiciɓis da ita ba zato, ko uwa ce da 'ya'yanta, ko tana gadin mushen da ta binne. So take ta tabbatar ba ka da haɗari, da ta ga ka daina motsi yawanci sai ta kwashi 'ya'yanta ta yi gaba.

To ka gaya wa ƙanenka, kwanciyar nan ba daga hango ta ake yi ba. Idan ya hango ta ya ja da baya a hankali, kar ya kuskura ya ruga, namijin yakan kai kilo 200 zuwa 300 amma gudunsa ya haura kilomita 50 a awa, babu ɗan Adam ɗin da zai tsere masa, gudun ma shi ke sa ta biyo ka. Sau da yawa takan taso a guje don barazana sai ta tsaya ko ta kauce. Sai ta riga ta cim masa sannan zai kwanta rubda ciki, ya haɗa hannuwa ya rufe ƙeya, ya ware ƙafafu don kar ta iya birkice shi, jakar bayansa kuma kar ya cire ta, kariya ce. Bayan ta tafi ma ya ƙara jira, don wata takan tsaya nesa kaɗan tana kallo.

Inda ba a kwanciya kuwa shi ne idan ta biyo mutum tana laɓe, ko ta farke masa tanti cikin dare, wannan farauta ce, nan sai faɗa da duk abin da hannu ya kai, a nufi fuska da hanci. Haka ma idan baƙar beyar ce, wani nau'i daban da girizili wanda ba shi da tozo, ita ba a kwanta mata sam.

Ni abin da na fi so ya riƙe shi ne feshin barkonon beyar, wato gwangwanin barkono da ake fesa mata a fuska, ya rataye shi a ƙugu ba cikin jaka ba. Wani bincike da aka wallafa a 2008 kan haɗuwar mutane da beyar a Alaska ya nuna feshin ya dakatar da ita a fiye da kashi 90 cikin 100. Su yi tafiya su uku ko fiye suna hira da ƙarfi musamman kusa da rafi da cikin duhuwa, dokar gandun kuma ta ce a bar tazarar yadi 100, wajen mita 90 ke nan.

Kwantar da hankalinka dai. Tun da aka kafa Yellowstone a 1872 mutum 8 beyar ta kashe a ciki, alhali miliyoyi ke shiga duk shekara, waɗanda ruwa ya ci ko suka ƙone a maɓuɓɓugan ruwan zafi sun fi haka yawa.

Abin da ke ci mini rai shi ne ita dabbar ce ta fi shan wahalar haɗuwar nan. A da an ƙiyasta sun kai 50,000 a yammacin Amurka, harbi da guba suka cinye su har a 1975 aka sa su cikin dabbobin da doka ta kare, lokacin na yankin Yellowstone ba su kai 150 ba, yanzu sun farfaɗo zuwa wajen 1,000. Kuma haihuwarsu a hankali take, mace sai ta kai shekara 5 ko 6, ta haifi 'ya'ya 2 galibi cikin kogon da take dogon barcin hunturu a watan Janairu ko Fabrairu kowanne kusan rabin kilo, ta yi shekara 2 zuwa 3 tana rainonsu. Wadda ta ɗanɗana abincin mutane ko bola sau ɗaya za ta yi ta dawowa, ƙarshenta ma'aikatan gandun su harbe ta. Don Allah ka ce masa abinci, shara, har man goge baki, duk ya kulle su a akwatin ƙarfen da ke sansanin ko cikin mota, kar ko biskit ya kwana a tantinsa.