Ƙanena Ya Kasa Daina Naɗar Sauti, Ciwo Ne?

TAMBAYA: Salamu alaikum Anti. Ƙanena ne ya sa ni rubuto miki, shekarunshi 27. Tun da innarmu ta rasu bara ya shiga wani hali, duk sautin da ya ji sai ya naɗa a waya, kiran sallar asuba, luguden mata, hayaniyar kasuwar Katako, ruwan sama bisa kwano, har tarin babanmu wallahi. Kart memuwar, wato katunan ajiya na waya, sun cika gwangwani biyu, ba ya ko saurarensu amma in ka ce ya goge guda sai jikinshi ya kama rawa. Shagon ɗinkinshi ma ya kusa mutuwa. Wasu na cewa iska ne. In kwashe in ƙone su?
Daga wata 'yar uwa, Bukoki, Yamai.

AMSA: Wa alaikumus salam 'yar uwa, Allah ya jiƙan inna ya sa ta huta. Don Allah kar ki ƙone ko guda, kar ki goge a ɓoye, in kika yi haka hankalinshi zai ƙara tashi, kuma daga ranar zai fara ɓoye miki komai.

Babu wani ciwo na musamman mai suna ciwon tara sauti a littattafan likitoci. Amma akwai danginshi, ciwon tara kaya da kasa rabuwa da su, wanda ƙungiyar likitocin ƙwaƙwalwa ta Amurka ta ware shi da sunanshi a 2013, Hukumar Lafiya ta Duniya ma ta sa shi cikin sabon jerin cututtukanta da ya fara aiki a 2022. Akwai kuma ciwon waswasi mai tilasta mutum maimaita abu don zuciyarshi ta lafa. A 2015 likitoci a Holand sun ba da labarin wani mutum da ke ɗaukar hoto har 1,000 a rana ya kasa gogewa, kin ga waya ma tana iya zama rumbun.

Naɗar sauti kanta ba aibi ba ce fa. Nan Yamai muna da cibiyar CELHTO da tun 1968 aikinta kenan, adana muryoyin tsofaffi da maroƙa da masu tarihi. Sai dai su suna zaɓe, su rubuta suna da rana, a dawo a saurara. Ƙanenki ba ya zaɓe ba ya saurare, sana'arshi kuma tana lalacewa, nan ne abin ya dame ni. Kuma abin da ya fi tsaya mini a rai shi ne bayan rasuwar inna ya fara, har yana naɗar tarin baba. Ni a ganina yaron nan tsoro yake kar wata murya ta sake ɓace mishi.

Ki zauna da shi da dare ba faɗa, ki tambaye shi ko yana da muryar inna, ko da vokal ɗin WhatsApp ne, ku saurara tare, in kuka ya zo ku yi. Daga nan ki lallashe shi ku je sashen lafiyar ƙwaƙwalwa na babban asibitin ƙasa, akwai magani na zama da ƙwararre ana koya ma mutum jure barin sauti ya wuce kaɗan-kaɗan, wani lokaci a haɗa da ƙwayoyi. Addu'a ku ci gaba da yi, ba ta hana ganin likita. In kuma ya daina barci ko cin abinci, ko ya fara maganar ya gaji da duniya, ranar nan za ku kai shi, kar ku jira gobe.