An yanke wa ƙanena hukunci yana Kano: ƙofa ta rufe ke nan?

Alhaji, ka ce kotun Garwa ta yanke wa ƙanenka hukunci kan zargin cin amanar kuɗi yana can Kano wajen fatauci, yau wata biyu, kana tambaya ko lokaci ya ƙure. Kada wata biyun nan su tayar maka da hankali tukuna. Hukuncin da aka yi a bayan idon mutum ba daga ranar yanke shi ake fara ƙirga ba, daga washegarin ranar da wisiye, masinjan kotu, ya damƙa masa takardar hukuncin hannu da hannu ne.

Dokar tafiyar da shari'ar laifi ta Kamaru ta 2005, a sashe na 430, ta ba da kwana 10 a yi opozisiyon, wato a nemi kotun da ta yi hukuncin ta sake sauraron shari'ar daga fari. Idan a ƙasar waje aka kai wa mutum takardar, wata 3 ne. A ce an ba shi ran 3 ga wata a Garwa: ran 4 ce rana ta farko, ran 13 ta ƙarshe. In ya bari suka wuce, daga ran 14 sai kwana 10 na ɗaukaka ƙara su fara tafiya.

Amma kafin kowane lissafi, a je giref, ofishin magatakardan kotu, a karɓi kwafin hukuncin a ga sunan da alƙali ya ba shi. Nan mutane suka fi faɗawa rami. Ba duk wanda bai halarta ba ne doka ke ɗauka an yi a bayan idonsa. In sammacin farko ya shiga hannunsa shi kansa, ya ƙi zuwa babu uzurin da kotu ta karɓa, za ka ga an rubuta "contradictoire", tamkar yana tsaye aka yi. To wannan ba shi da opozisiyon, sai ɗaukaka ƙara, ita kuwa ƙa'idarta kwana 10 daga washegarin hukunci. In haka kuka gani, yau ɗin nan za a nemi avoka, wato lauya. Wanda aka rubuta "par défaut", wato a bayan ido, shi ne namu. A giref ɗin kuma a tambayi takardar wisiye, a duba wa ya ba, yaushe, a ina. Yakan bar ta hannun mutanen gida, ko ya kai ofishin magajin gari idan bai san mazaunin mutum ba, don haka "ai ni ban ga komai ba" ba ta isa hujja ba sai an ga abin da ya rubuta.

Yin opozisiyon ba wuya: a bayyana a giref na kotun da ta yi hukuncin, a rubuta, a sa hannu, a karɓi shaida mai kwanan wata. Wasiƙa mai rajista ma tana yi, amma ni na fi son a je da ƙafa. Da an yi, zartar da hukunci ya tsaya, sai dai in akwai takardar kamu a kansa tana nan da ranta, ya san da wannan kafin ya tsallako iyaka. Ranar da aka sa kuma dole ya zo. In ya sake ɓacewa, hukuncin farko ya zauna, ba a yin opozisiyon a kan opozisiyon.

Duk wannan na shari'ar laifi ne. A shari'ar dukiya, wa'adin opozisiyon kwana 15 ne. Ga kuma wadda ke cin 'yan kasuwa: umarnin biyan bashi na dokar OHADA, wato dokar kasuwanci ta bai ɗaya ta wasu ƙasashen Afirka, mai aiki nan Kamaru da Cadi. A da wa'adin opozisiyon a kansa kwana 15 ne, amma tun Fabrairun 2024 ya koma 10, har yanzu kuwa akwai masu ƙirgawa da tsohon lissafi. In mai ƙarar ya bi ta wannan hanyar ma don karɓar kuɗinsa, takarda ce daban da ranakunta daban, kada ku haɗa su wuri guda.