Tambaya Mabuɗin Ilimi: wa ke yanke yawan 'yan wasan da ƙasa za ta kai Olamfik?

Tambaya daga wani malamin firamare a Jega: Assalamu alaikum. Na ji an ce Amurka ta kai 'yan wasa kusan 600 gasar Olamfik ta Paris a 2024, mu kuwa Najeriya 88 kacal, alhali mun haura mutum miliyan 200. Gwamnati ce ta ƙi biyan kuɗin jirgi, ko kuwa raba guraben ake yi kamar kujerun Hajji?

Wa alaikumus salam, Malam. Kujerun Hajji ana raba su ne bisa yawan Musulmin ƙasa, shi ya sa Najeriya ta samu 95,000 a 2024. Olamfik ba ta ƙidayar jama'a. Kwamitin Olamfik na duniya ya ƙayyade jimillar 'yan wasa 10,500 a Paris, rabi maza rabi mata, ya rarraba wa hukumomin wasanni 32, kowace hukuma kuma ta tsara yadda za a ci nata guraben. Ko gwamnati ta ɗauki hayar jirage goma, wanda bai ci gurbi ba sai dai ya je kallo.

Kowane wasa da iyakarsa. A guje-guje da tsalle-tsalle ƙasa ba ta wuce mutum 3 a kowane fanni, kuma sai sun kai ma'aunin da aka gindaya ko sun shigo ta jerin gwanayen duniya. A tseren mita 100 na Paris ma'aunin maza daƙiƙa 10.00 ne, na mata 11.07. A ninkaya mutum 2 ne a kowane fanni. A kokawa da damben zamani da judo mutum ɗaya tal a kowane ajin nauyi. A ɗaga nauyi a Paris maza 3 mata 3, ko ƙasa na da ƙarti ɗari. Dokar mutum 3 a guje-guje ce ke sa Kenya barin gwanayen dogon tsere a gida waɗanda da a wata ƙasar suke, da su ne masu riƙe tuta.

Ke nan tawaga ba ta girma da yawan gwanaye a wasa ɗaya, sai da yawan wasannin da ƙasa ta iya. Amurka na da 'yan ninkaya, da 'yan tseren kwale-kwale, da masu wasan takobi, da mahaya dawaki, da maharba. Najeriya wasanni 12 ta shiga. Indiya ma, da mutanenta fiye da biliyan ɗaya da miliyan 400, 'yan wasa 117 ta kai.

Abin da ke saurin kumbura lissafi shi ne wasannin ƙungiya. Gurbi ɗaya na ƙwallon ƙafa mutum 18 ne, ban da 'yan jiran ko-ta-kwana 4, na ƙwallon kwando kuma 12. Ƙungiyoyinmu na mata, Super Falcons ta ƙwallon ƙafa da D'Tigress ta ƙwallon kwando, su kaɗai sun ba da 30, kusan kashi ɗaya bisa uku na tawagarmu, shi ya sa mata suka fi maza yawa nesa ba kusa ba. Da samarinmu 'yan ƙasa da shekara 23 ba su sha kashi a hannun Gini ba tun a wasannin share fage na Afirka a 2023, da ƙila an haura ɗari. Sai dai mutum 18 ɗin nan ko zinare suka ci, lamba ɗaya ake rubuta wa ƙasa a teburin lambobin yabo, daidai da wadda Chioma Ajunwa ta ciwo ita kaɗai da tsallen mita 7.12 a Atlanta a 1996.

Kada yawan ya ruɗe ka, Malam. Mun kai 88 Paris muka dawo hannu rabbana. A Olamfik ta Tokyo a 2021 tawagar ba ta kai haka ba, amma Blessing Oborududu ta ci azurfa a kokawa, Ese Brume ta ci tagulla a dogon tsalle. Tsibirin Saint Lucia mutum 4 ya kai Paris, ɗaya daga cikinsu, Julien Alfred, ta lashe zinaren mita 100 ta ƙara da azurfar mita 200.

Tambaya daga wani ɗan kasuwa a Kamba: Maƙwabtanmu na Nijar ba su da wasu fitattun 'yan tsere, amma kullum sai na ga tutarsu a bikin buɗe gasa. Ta ina suke bi?

Alhaji, akwai guraben alfarma da aka ware don kada a bar wata ƙasa a baya. Ƙasar da ba ta samu ko mutum ɗaya da ya kai ma'auni a guje-guje ko ninkaya ba, ana ba ta damar shigar da gwaninta. A wasu wasannin kuma akwai takardar gayyata ga ƙasashen da matsakaicin tawagarsu a gasa biyu da suka gabata bai wuce mutum 8 ba. Ta irin wannan ƙofa Hamadou Djibo Issaka na Nijar ya shiga tseren kwale-kwale a Landan a 2012, bayan horon 'yan watanni. Shi ya zo na ƙarshe, 'yan kallo na ta yi masa tafi. A Paris ƙasashe huɗu mutum ɗaya-ɗaya suka kai: Somaliya, Belize, Nauru da Liechtenstein.

Amma ba duka alfarma ba ce. Abdoul Razak Issoufou Alfaga da ƙarfinsa ya ci azurfar taikwando a Rio a 2016, kuma tun 1972 Issaka Daboré ya ciwo wa Nijar tagulla a dambe a Munich.

Tambaya daga wani matashi a Argungu: Muna da 'yan kokawa, muna da masu iyo da matuƙa kwale-kwale da ake gani a bikin kamun kifi da rigatar Yauri. Me ya sa ba a ware wa kowace jiha kasonta a tawagar, kamar yadda ake yi wajen ɗaukar aikin tarayya?

Ɗan'uwa, raba-daidai tsakanin jihohi ba ya aiki a nan, domin gurbin ba a Abuja yake ba balle a raba. A filin duniya ake ƙwato shi. Ɗauki kokawa, tunda ita ce ta fi kusa da mu. A Paris an yi aji 18: shida na mata, goma sha biyu na maza a salo biyu. Kowane aji mutum 16 ne a duk duniya. Biyar sun fito daga gasar duniya ta Belgrade a 2023. Takwas daga gasannin nahiyoyi, inda aka haɗe Afirka da yankin Ostireliya aka ba su 2 kacal, aka fafata a Iskandariyya ta Masar. Ukun da suka rage aka yi rububinsu a Istanbul a watan Mayun 2024. Najeriya ta fito da gurabe 6, biyar na mata. Gurbin kokawa kuma na ƙasa ne, ba na wanda ya ciwo shi ba, don haka hukumar kokawa na iya sauya mutum idan ya ji rauni.

Kokawarmu ta gargajiya, da damben gargajiya, da langa, ba sa cikin Olamfik. A fagen gargajiya da zarar an kai ka ƙasa magana ta ƙare, makaɗa su ɗauka. A tabarmar Olamfik maki ake tarawa cikin zagaye biyu na minti uku-uku, kuma faɗuwa sai an danne kafaɗu biyu. Ga kuma sikeli, wanda ba ya sani ba ya sabo: ana awo da safiyar kowace ranar fafatawa. Vinesh Phogat ta Indiya ta kai wasan ƙarshe na ajin kilo 50 a Paris, washegari awo ya nuna ta haura da giram 100, nauyin da bai kai na ƙwai biyu ba, aka soke ta gaba ɗaya.

Tsanin da yaron Kebbi zai taka a bayyane yake: rajista da hukumar wasanni ta jiha, shiga gasar matasa ta ƙasa, sannan bikin wasanni na ƙasa da aka faro a Legas a 1973, daga nan gwajin hukumar wasan, sai gasar Afirka. Inda aka fi yin tuntuɓe shi ne matakin farko. Gwanin da ba shi da takardar haihuwa da ta dace da fasfo, ba shi da sakamakon da alƙalai masu lasisi suka rubuta, a idon hukumar duniya babu shi, ko da duk Kabi ta san sunansa. A ganinmu kwale-kwale ne ya fi dacewa Kebbi ta zuba kuɗi a kai: ga Gulbin Kwara a Yauri, masu neman guraben Afirka ba su da yawa, kuma mata biyu sun wakilci Najeriya a wasan a Paris.

Tambaya daga wata ɗaliba a Zuru: Gaskiya ne mutum na iya cin gurbi amma a hana shi wasa?

Ƙwarai kuwa, 'yar'uwa. A Tokyo 'yan guje-gujen Najeriya 10 sun isa masauki aka ce ba za su yi wasa ba. Ba a kama su da ƙwaya ba. A lokacin Najeriya na cikin ƙasashen da aka fi sa wa ido kan ƙwayoyin ƙara kuzari, dokar kuma ta ce kowane ɗan wasa sai an yi masa gwajin ba-zata sau 3 a wajen gasa cikin wata 10 kafin Olamfik, da tazarar aƙalla mako 3 tsakanin gwaji da gwaji. Ba a cika wannan ba. A Paris kuma Favour Ofili ta kai ma'aunin mita 100, amma sunanta bai shiga takardar rajistar fannin ba, sai mita 200 da tseren miƙa sanda ta yi. Hukumar wasa ce ke miƙa sunaye ga kwamitin Olamfik na ƙasa, shi kuma ya miƙa wa masu shirya gasa kafin ranar rufewa, bayan ranar nan kuwa bakin alƙalami ya bushe.

Tambaya daga wani tsohon ma'aikaci a Birnin Kebbi: Su gasar Afirka da ta ƙasashe renon Ingila fa, dokar ɗaya ce?

Ranka ya daɗe, sun fi sassauci. A gasar Afirka ma'aunin shiga bai kai na Olamfik tsauri ba, don haka aljihun gwamnati ne ya fi yanke girman tawaga. A wadda aka yi a Accra a watan Maris na 2024 Najeriya ta kai ɗaruruwa, ta zo ta biyu bayan Masar da zinare 47. Bayan wata biyar ga abin da ya faru a Paris, don haka teburin Afirka ba ma'aunin Olamfik ba ne.

A gasar ƙasashe renon Ingila jerin wasannin ne ke sauyawa da mai masauki. Birmingham ta karɓi tawagogi 72 a 2022. Da jihar Victoria ta Ostireliya ta janye daga shirya ta 2026 saboda tsada, Glasgow ta karɓa da sharaɗin wasanni 10 kawai da 'yan wasa kusan 3,000. An cire kokawa, wadda ta ba Najeriya zinare 3 a Birmingham, an cire ƙwallon tebur, wato tawagarmu ta ragu tun ba a busa usur ba. Olamfik ma ta yi nata sauyin: a Los Angeles a 2028 ƙwallon ƙafar mata za ta koma ƙungiya 16, ta maza ta sauko daga 16 zuwa 12.