Ƙidayar jiragen da ya kakkaɓo ba za ta ceci muƙalarka ba

Ɗan'uwa, ka tambaya ko duk matuƙin jirgin yaƙin da ya kakkaɓo jirage biyar ya cancanci muƙala ta kansa a Wikipedia, tunda an manna wa taka alamar cewa za a goge ta. Wallahi ka sosa min inda yake yi min ƙaiƙayi, don ni ma na sha wannan ɗacin.

Tawa a kan wani ɗan ƙasarmu ce da ya tuƙa jirgin yaƙi samfurin MiG-17 lokacin yaƙin basasa. Na yi ta jeka-ka-dawo a ɗakin karatu ina bin tsofaffin jaridun New Nigerian, takardun sun yi jawur, gefensu na marmashewa a hannu, ina ɗaukar hoton shafukan da waya. Rana ɗaya wani mai gyaran muƙaloli a Wikipedia ya zo ya rubuta layi guda, wai mutumin bai shahara ba, wai kuma jaridar ta gwamnati ce don haka ba a dogara da ita. Na bi shi shafin tattaunawa na yi bayani dalla-dalla, har da lambar shafi. Ko ci kanka bai ce min ba. Bayan sati aka goge. Abin da ya fi ƙona min rai shi ne, na tabbata bai buɗe ko hoto ɗaya ba. Mutum ya zubar maka da wahalarka bai ko dube ta ba! Na daɗe ban sake taɓa rubutu ba.

To, kar ka kafa hujjarka kan jirage biyar. Ba ta tsayawa. A 2021 Wikipedia ta Turanci ta daina amfani da ma'auninta na musamman na tantance shaharar sojoji, aka koma tambaya ɗaya: shin majiyoyi masu zaman kansu sun yi magana mai tsawo a kan shi mutumin? Matuƙan Jamus Richthofen da ya kakkaɓo jirage 80 da Hartmann da ya kakkaɓo 352, littattafan da aka rubuta a kansu ne suka tsaya musu. Eugene Bullard, baƙar fatar Amurka da ya tuƙa wa Faransa jirgin yaƙi a 1917, bai kai biyar ba, amma ga shafinsa nan daram, saboda an rubuta tarihinsa.

Ni ma fa wannan ƙidayar ba ta burge ni. A yaƙinmu na 1967 zuwa 1970 yawanci ƙasa jiragen suke kai wa hari, ba junansu ba. In da ita za a auna, babu namu ko ɗaya da zai shiga. Dubi Abayomi Dairo, matuƙin sojan samanmu wanda aka harbo jirginsa samfurin Alpha Jet a Zamfara a Yulin 2021 ya tsira da ƙafa. Jaridu sun yi ta rubutu a kansa ba tare da ya kakkaɓo kowa ba. Dattawan sojojin samanmu kuwa suna ta rasuwa, ba kasafai ake samun wanda ya zauna da su ya rubuta ba, hirar baka kuma ba a karɓarta sai wata jarida ta buga. 'Yan jaridar da ke cikinmu, don Allah ku taimaka.

Yanzu dai, kwafe muƙalar ka adana kafin a goge, ni ban samu wannan damar ba. Nemo majiya biyu ko uku da suka ba da labarin rayuwarsa, ba sunansa kawai a jeri ba. In ba su samu ba, roƙi a haɗe shi da muƙalar rundunarsa maimakon gogewa. Kuma kar ka amsa musu cikin fushi, komai zafin da kake ji. Turo min sunan matuƙin, in duba hotunan jaridun da ke wayata.