Hawan keken ƙanƙara da karnuka ke ja a Tromso

Malam, ka tambaya ko wanda bai taɓa ganin dusar ƙanƙara ba zai iya hawa keken da karnuka ke ja a Tromso, arewacin Norway. Zai iya ƙwarai, muddin da jagora. Galibi mutum biyu ake haɗawa, ɗaya zaune, ɗaya tsaye a baya yana taka birki. Kafin a tashi, karnukan haushi suke da zumuɗi kamar su tsinke igiya. Ana ɗaga birki sai su yi tsit, su zuba da gudu. Don Allah ko ka faɗi kada ka saki mariƙin, ba za su jira ka ba.

Daga ƙarshen Nuwamba zuwa tsakiyar Janairu rana ba ta fitowa a can, shi ya sa na fi so maka watan Maris.