Na samu kwangilar saka sola, amma an ce sai da takardar CAC

Tambaya: Barista, barka da aiki. Ni mai haɗa sola ne da wayarin a Kano, shekara shida ke nan ina cin gashin kaina, da yara biyu masu taya ni. Wata makarantar kuɗi ta ba ni kwangila, amma akantansu ya ce ba za su tura kuɗi asusuna na kaina ba, sai na kawo takardar rajista da lambar haraji. Shin dole ne? Kuma wace iri zan yi?

Amsa: Malam, Allah ya sa albarka a sana'a. Dokar kamfanoni ta 2020, wadda ake kira CAMA, ba ta tilasta wa mai aiki da sunansa na yanka da na mahaifinsa zalla yin rajista ba. Amma da zarar ka ƙara wani abu, ko da "da 'Ya'yansa" ne a jikin allon shagonka ko a kan rasiti, doka ta ba ka kwana 28 daga fara kasuwancin ka kai sunan ga hukumar rajistar kamfanoni, wato CAC. Ga dukkan alamu ka makara, sai dai ƙofa a buɗe take. Shi kuma akanta yana da hujja: sai da takardar ne banki zai buɗe maka asusu da sunan sana'ar, makarantar kuma tana son shaidar wanda ta biya.

Hanya biyu ce a gabanka. Ta farko rajistar sunan kasuwanci. Ta fi araha da sauri, kana iya yinta da kanka a shafin hukumar da lambarka ta NIN da hoto da adireshin shago. Amma ga abin da masu yi wa mutane rajista a shagon kwamfuta ba sa faɗa: a idon doka, kai da wannan suna abu ɗaya ne. A ce yaronka ya juya waya, inbata ta kama da wuta, ta cinye ɗakin kwamfutocin makaranta. Kai za a kai ƙara, kuma idan hukunci ya hau kanka, ana iya bin babur ɗinka da filinka.

Ta biyu kamfani mai iyakantaccen alhaki. A da sai mutum biyu, shi ya sa za ka ga an saka sunan mata ko ƙane don cike gurbi. Tun 2020 mutum ɗaya ya isa, kuma mafi ƙarancin jarin hannun jari naira 100,000 ne. A nan bashin kamfani na kamfani ne, matuƙar ba ka yi zamba ba ko ka sa hannu ka tsaya masa da kanka. Ɗawainiyarsa ta fi yawa, musamman ajiye lissafi. Da gyaran soket kake yi a gidaje, da na ce sunan kasuwanci ya wadatar. Tunda ka fara ɗaukar kayan miliyoyi kana hawa rufin mutane, ni kamfani nake ba ka shawara.

Takardar CAC dai rajista ce, ba lasisin aiki ba. Harkar wuta tana da mai ita: hukumar NEMSA ce ke ba masu haɗa wayarin takardar shaidar ƙwarewa. Ranar da aka yi gobara, ita lauyan ɗaya ɓangaren zai fara tambaya.

Batun haraji kuwa, mai sunan kasuwanci hukumar harajin jiha yake biya wa harajin kuɗin shigarsa, kamfani kuma ta tarayya. Kada ka yi fushi idan makarantar ta cire wani kaso kafin ta biya ka. Harajin da ake riƙewa ne tun daga tushe, kuma ana lissafa maka shi a ƙarshen shekara, amma fa sai ka karɓi takardar shaidar cewa sun cire shi. Ka kuma riƙa kai wa CAC bayanin shekara-shekara. Na sunan kasuwanci wa'adinsa 30 ga Yuni, wanda ya yi sakaci tara ce ke taruwa a kansa.

Sai abin da ba ka tambaya ba. Kai ɗan kwangila ne, ba ma'aikacin makarantar ba, don haka ba ka da haƙƙin albashi ko fansho ko kuɗin sallama a wurinsu. Idan suka riƙe maka ciko, abin da aka rubuta shi ne makaminka a kotu. Kafin ka sayi ko batir ɗaya, a rubuta adadin faifan sola da irinsu, kuɗin kafin alƙalami, ranar biyan ragowa, tsawon garanti, da wanda zai ɗauki ƙarin idan farashin dala ya tashi ana tsakiyar aiki. Wanda zai sa hannu a madadin makarantar ya zama mai ikon yin hakan, da hatiminsu a kai, kuma ka riƙe kwafinka.