Ƙarar gona: shin in rage ƙimarta don kuɗin kotu su yi sauƙi?

TAMBAYA: Assalamu alaikum. Mahaifinmu ya jinginar da gonarmu ta fadama, kimanin eka 3, ga wani maƙwabci, kuma bayan rasuwarsu su biyun sai 'ya'yansa suka ce ai sayarwa ce. Sulhu a gaban dagaci ya gagara, yanzu muna shirin kai ƙara. Wani ya ce in rage ƙimar gonar a takarda domin kuɗin kotu su ragu, wani kuma ya ce in ninka ta domin diyya ta yi kauri. Yaya ake lissafin kuɗin, kuma wa ke yi wa gona ƙima?
Manomi, ƙaramar hukumar Ringim, Jigawa

AMSA: Wa alaikumus salam. Malam, kada ka bi ko ɗaya daga cikin shawarwarin nan biyu.

Kuɗin shigar da ƙara ba ciniki ake yi a kansu ba. Kowace kotu tana da jadawalinta a rubuce, kuma rajistara ne yake duba abin da ka nema ya lissafa. Galibi, idan kuɗi kake nema, abin da za ka biya yana hawa gwargwadon yawansu. Idan kuwa roƙonka shi ne kotu ta tabbatar cewa gonar taku ce ta kuma umarci a miƙa ta, wannan yana da nasa gurbin dabam a jadawali. Saboda haka ka raba buƙatunka gida biyu tun kafin ka isa gaban rajistara: karɓar gona bayan mayar da kuɗin jingina, da kuma diyya, idan akwai amfanin da aka ci gaba da kwasa bayan kun kawo fansa an ƙi karɓa. Dattawa suna tuna ushirar da kotunan alƙalai ke cira a zamanin En'e, shi ya sa har yau wasu ke zaton duk mai ƙarar gona sai ya ba da kashi ɗaya cikin goma na darajarta. Jadawalin kotun da ka je shi ne abin dubawa, kuma kana da ikon ka ce a nuna maka shi.

Illar ragewa a fili take, domin kotu ba ta ba mutum fiye da abin da ya nema. Idan shinkafar da aka girbe buhu 40 ce, kai kuma ka rubuta kuɗin buhu 10, to ko shaidunka sun tabbatar da 40, da kanka ka yanke wa kanka iyaka, sai dai ka nemi izinin gyara ƙarar ka cika ragowar kuɗin. Kotun Ƙoli ta Nijeriya ta bayyana a shari'ar Onwugbufor da Okoye, a 1996, cewa biyan kuɗin shigarwa sharaɗi ne kafin kotu ta saurari buƙata. A 2009 kuma, a shari'ar Akpaji da Udemba, ta sassauta inda giɓin ya fito daga lissafin rajistara: ba a hukunta mai ƙara saboda kuskuren ma'aikacin kotu, umarni ake ba shi ya cika. A ganina, wanda ya ɓoye ƙima da gangan bai kamata ya dogara da wannan rangwame ba. Ninkawa kuwa asara ce tun daga ƙofa: ka biya da yawa, sannan a ce ka kawo hujjar kowace naira.

Game da mai yin ƙima, kotun shari'ar Musulunci takan saurari masana na gari, wato dillalan gonaki da manoman da ke iyaka da ku, waɗanda suka san nawa aka sayar da eka a fadamar nan bara, kuma alƙali yakan je ganin gonar ko ya aika wakilai. A Babbar Kotu, rahoton ƙwararren mai ƙiyasta kadarori da ke da rajista ya fi nauyi, amma sai ka biya shi. Fadamar da ake noman rani da ita ba a haɗa farashinta da na jigawa, don haka ka tabbata mai ƙimar ya ga rijiyar burtsatse da magudanar ruwa da idonsa.

Dokar Amfani da Filaye ta 1978 ta buɗe wa ƙananan kotuna ƙofar sauraron rikicin filin karkara, kuma tun hukuncin Adisa da Oyinwola na 2000 Babbar Kotu ma tana da hurumi a kansa. Kotun shari'ar da ke kusa da ku ta fi araha, sai dai ka sa kuɗin sammaci da na zuwa ganin gona da na kwafin hukunci a lissafinka. Duk abin da ka biya, ka karɓi rasit na gwamnati mai ɗauke da sunanka. Idan ƙarfinku bai kai ba, ku tuntuɓi Hukumar Ba da Tallafin Shari'a ta Ƙasa a ofishinta na Dutse, ku tafi da takardar jinginar idan tana nan, ko sunayen waɗanda suka halarci ƙulla ta.